ADAKAR KAKA: TARIHIN DA KE KWANCE A ƘARƘASHIN GADO

A wannan karon ina neman afuwarku, domin zan ɗan jingine labarin masoya a gefe guda in kawo maku wata magana da ta daɗe tana ci mani tuwo a ƙwarya. Maganar kuwa ba ta wuce ta tsofaffin kayan ɗakin iyayenmu da kakanninmu ba, waɗanda a yau muke kira tarkace, muke Allah-Allah ɗan gwangwan ya zo wucewa mu ɗora masa a sikeli, ya ba mu abin da bai kai kuɗin cefanen yini guda ba.

Bara waccan Allah Ya yi wa kakata, mahaifiyar Ummanmu, rasuwa a cikin birnin Kano, tana da shekara casa'in da 'yan kai. Da aka share makoki aka zauna rabon gado. Gida bai ba da wahala ba, malamin da aka kira ya yi lissafi kowa ya san rabonsa. Da aka zo kan kayan ɗaki sai Kawu ya leƙa, ya ga kwanuka jere har kusa da rufi, ga ƙore a ragaya, ga wata tsohuwar adaka a ƙarƙashin gado duk ta yi tsatsa, ya ce a kira 'yan gwangwan su auna a raba kuɗin kowa ya huta. Babu wadda ta musa, domin kuwa dukkanmu ɗakunanmu cike suke da kuloli da tangaran na zamani. Ni ma ban ce uffan ba, tunda jika ba ta da ta cewa a gadon da 'ya'ya ke raye, har sai da na ga yaron nan ya ɗauki wata langa ya taka ta da ƙafa don ta lotse ta shiga buhu. A cikin wannan langar Kaka take ajiye mani ɗumame, in na shigo ta ce, "Kishiya, zo ki ci, kada ki fita ki ce na hana ki abincin mijina." Nan take na roƙi Umma ta sa a saka adakar da ragowar kwanukan a cikin rabonta, ni kuma na biya ta kuɗinsu.

Abin da na tarar ya sa na shafe kusan shekara ina bin tsofaffi da tambaya, ina kuma 'yan karance-karance. Tarihin da aka koya mana a makaranta na sarakuna ne da yaƙe-yaƙe, wane ya hau wane ya sauka. Mata ba su rubuta nasu a takarda ba, sun adana shi ne a kwano da ƙwarya da ƙullin tsumma, mu kuma ga shi muna sayar da shi kilo-kilo. Zan bi kayan ne yadda na fito da su, daga na sama zuwa na can ƙasa.

KWANO

Duk wadda ta tashi a birni kafin shekarun 1990 ta san jere: langa kan langa, fanteka, kumbo, samira saiti-saiti, an goge su sai ɗaukar ido suke yi, kuma yawancinsu har su tsufa ba a taɓa zuba masu ko ruwa ba. Abu na farko da ya ba ni mamaki shi ne, abin da muke kira fenti a jikin kwanon nan ashe gilashi ne. Garin gilashi ake shafa wa ƙarfe, a sa a wuta mai zafin da ya kai wajen digiri 800 ya narke ya manne. Shi ya sa in kwano ya faɗi ba ya kankarewa kamar fentin bango, sai dai ya ɓantare ya bar baƙin tabo, daga nan tsatsa ta samu ƙofa.

Na riƙa kifa su ɗaya bayan ɗaya ina duba hatimin da ke gindinsu. Mafiya tsufa, masu kauri da nauyi, an rubuta a Cekoslobakiya aka yi su. Ƙasar ma babu ita a yau, tun ranar 1 ga Janairun 1993 ta rabe gida biyu, amma ga kwanonta nan garau a ɗakin wata tsohuwa a Kano. Masu bi masu an rubuta Hong Kong. Su kuma labarinsu shi ne, a ƙarshen shekarun 1940, lokacin da 'yan gurguzu ke karɓe mulkin ƙasar Sin, masu masana'antun kwano na birnin Shanghai suka kwashi jarinsu suka koma Hong Kong, kasuwar da ta fi riƙe su kuwa ita ce tamu ta Afirka ta Yamma. Ka ji mutanen da ba su taɓa ganin tuwo ba suna ƙera kwanon tuwo da na miya! Bayan samun 'yancin kai a 1960 aka tsananta haraji a kan kwanon waje, sai suka biyo kasuwarsu suka kafa masana'antu a Legas da nan Kano. Wannan ne ya sa sahu na uku na kwanukan Kaka an rubuta a Nijeriya aka yi su.

Kafin zuwan kwano jeren amarya na ƙwarya ne, wadda aka yi wa zane da wuƙa ko da ƙarfe mai zafi, a rufe da faifai, sai akushi na maigida, sai tasoshin tagulla na Bida ko na maƙeran Kano ga 'yar masu hali. In ƙwarya ta tsage ba a yar da ita, gyartai ake kira ya ɗinke. Abin da ya canza wannan shi ne jirgin ƙasa, wanda ya iso Kano a 1911. A 1912 cinikin gyaɗa ya buɗe, kamfanonin Turawa suka kafa kantuna a wajen ganuwa, kuɗi suka shiga hannun manoma, kaya masu nauyi da a da sai a bayan raƙumi ko jaki suka riƙa zuwa tarago-tarago. A hankali ƙwarya ta sauko daga bango ta koma madafi da wajen masu fura da nono.

To amma me zai sa mace ta tara kwano ɗari alhali ba ta amfani da fiye da goma? Mu da muka shiga aji mun sha yi masu dariya a kan haka, muna cewa gasa ce kawai ta kishiyoyi. Da na tambayi Inna Babba, yayar Ummanmu, sai ta kalle ni ta ce, "Ke 'yar nan, ai bankinmu kenan." Ta yi mani bayani dalla-dalla. Mace tana cikin kulle, tana 'yar sana'arta ta ƙuli-ƙuli ko ɗinkin hula ko fura, yara na kai mata talla. In ta ajiye kuɗi tsaba, maigida zai zo rance ranar da cefane ya gagara, ɗan'uwa zai zo, maƙwabciya za ta zo, kuma kunya ba za ta bari ta hana ba. Amma in ta ɗauki adashi ta sayi langa, babu namijin da zai iya buɗe baki ya ce a ciro masa kwano daga jere. Kayan ɗaki mallakar mace ne ita kaɗai, ko aure ya mutu da abinta take fita. In ta matsu ta kira dillaliya a asirce, in 'yarta ta isa aure ta ɗebi rabi ta yi mata jere, abin da ya rage kuma 'yan biki su cika.

Inna Babba ce ta nuna mani wani abu da idona bai gani ba. A tsakiyar sahun tsofaffin kwanukan Turai akwai guda shida 'yan Nijeriya, marasa kauri. Ta ce wannan gurbin fari ne. A farin 1973 zuwa 1974, da hatsi ya yi tsada kasuwar kakanmu kuma ta tsaya, Kaka ta ciro manyan fantekokinta shida ta ba dillaliya, aka auno dawar da ta riƙe gidan har kaka ta yi. Maigidan har ya koma ga Allah bai san daga inda dawar ta fito ba, an ce masa daga ƙauye aka aiko. Sai bayan shekaru ta cike gurbin da abin da ta samu. Haka kuma a watan Afrilun 1984, da gwamnatin soja ta canza launin takardun kuɗi ta ba da ƙasa da mako biyu a kai tsofaffi banki, mutane da dama da suka binne kuɗi a tukunya ko cikin katifa sun tafka asara. Wadda dukiyarta ke jere a bango ko gezau ba ta yi ba. Ashe waɗanda muke yi wa kallon marasa lissafi sun fi mu sanin halin kuɗin takarda.

ADAKA

Ita kanta adakar ta ƙarfe ce, da 'yar sarƙa da kwaɗo, an liƙa wa cikin murfinta madubi wanda ya dushe. Sunan ma kansa baƙo ne. A harshen mutanen Asante na ƙasar Gana, adaka ita ce akwati, kuma masana harshe sun danganta kalmar da ta mutanen Fotugal, waɗanda suka gina gidan kasuwancinsu na Elmina a bakin teku tun 1482. Fatake masu zuwa Gwanja sayen goro su suka zo mana da akwatin tare da sunansa. Hanyar Gwanja tsohuwa ce, littafin Tarihin Kano ya ambace ta tun a ƙarni na 15. Agalawa da Tokarawa da Kambarin Barebari sukan ɗauki kanwa da tufafi da fatu a kan jakuna, su yi wata da watanni kafin su kai kasuwar Salaga, su juyo da goro. Daga baya da jirgin ƙasa ya zo aka koma bi ta Legas a shiga jirgin ruwa. Alhasan Ɗantata, wanda ya rasu a 1955, da wannan fataucin goron ya fara kafin ya shiga gyaɗa. Mahaifin Kaka ƙaramin bafatake ne a wannan hanya, daga Kumasi ya sayo adakar ya kawo wa mahaifiyarta, wadda duk zuri'a ke kira Iya.

Da na lura da wannan sai na fara sauraron sunayen sauran kayan gida. Tasa da allura da almakashi da fitila da sanduƙi daga Larabci suke, sun biyo ayarin hamada. Cokali daga Buzaye muka samo shi. Akwati da ashana daga Yarabawa. Bokiti da kofi na Turawa ne. Mai karatu, ko ba ka buɗe littafi ba, in ka tsaya a tsakar gidanku ka kira sunan abin da idonka ya gani, za ka san da waɗanne mutane kakanninka suka yi ciniki.

LIYARI DA ANINI

A ƙarƙashin wasu zannuwan saƙi na tarar da ƙullin tsumma uku. Na farko liyari ne guda biyu na azurfa, an yi masu kunne don a rataya a wuya. A gefe ɗaya hoton wata mace ce mai ƙiba da mayafi, a ɗaya gefen mikiya mai kai biyu da shekarar 1780. Har na fara murna na samu abin da ya haura shekara 240, sai na gano cewa kusan kowane liyari a duniya 1780 ne a jikinsa. Matar ita ce Mariya Tereza, sarauniyar Ostiriya, wadda ta mutu a wannan shekarar. Larabawa da Habashawa da mutanenmu sun riga sun amince da nauyinsa, wajen giram 28, da kyan azurfarsa, ba sa karɓar wanda aka canza wa kama, don haka aka ci gaba da buga shi da shekarar mutuwarta, har a Landan da Faris da Rum da Bombay. Ta hamada ya riƙa zuwa mana daga Tarabulus. Attajirai na ajiyar dukiya da shi, maƙeran fari na narka shi su yi mundaye da zobba, iyaye mata kuma na rataya wa amare. Yawancin tsofaffin mundayen azurfa da ke gidajenmu, in da za su yi magana, da sun ce su liyari ne a da.

Ƙulli na biyu aninai ne a shiƙe a zare, masu huji a tsakiya da tauraro mai tsini shida. A 1907 Turawa suka fara buga anini, kuma na farkon da alminiyam aka yi shi, yana cikin kuɗaɗen farko a duniya da aka buga da wannan ƙarfe, kafin a ga ba ya jure wa ƙasarmu a canza. Anini goma ne kwabo ɗaya, kwabo 12 sule, sule 20 fam guda. An yi shi ƙanƙane haka ne don ya maye gurbin wuri a cinikin daddawa da gishiri, har da rubutun Larabci a jikinsa don mutanenmu su iya karantawa. Naira ta zo a ranar 1 ga Janairun 1973, amma bakinmu bai saki tsohon lissafi ba. Har gobe in an ce jaka guda ana nufin naira 200, wato fam 100 na da, wanda ya tsiyace ya ce ba shi da ko anini, soja ko ɗan sanda in ya samu girma a ce an ƙara masa anini a kafaɗa.

MAZARI

A kusurwar adakar akwai mazari guda uku da ɗan guntun alli, sun yi sulɓi saboda shan hannu. 'Yata ta ɗauka wani abin wasa ne. Wani Bajamushe matafiyi, Heinrich Barth, wanda ya shigo Kano a 1851, ya rubuta cewa arzikin birnin a kan tufafi yake, ana saƙawa a rina a kai har Tambutu da Gat da Murzuk da Tarabulus, ya kuma ƙiyasta abin da ake fitarwa a shekara da wuri miliyan 300 a ƙalla. Ana yawan kawo wannan magana don a yabi masaƙa da marina da fatake, kuma sun cancanci yabo. Abin da ba a cika faɗa ba shi ne, kowane zare da ya shiga waɗannan riguna da rawuna mace ce ta kaɗa shi da hannu, a kan mazari irin wannan, bayan ta gurje audugar ta shiɓe ta. Babu zare babu saƙa, babu saƙa babu rini. Masana'antar da ta ɗaukaka sunan Kano a duniya daga cinyar mata ta faro, 'ya'ya da bayi, kuma ba a rubuta sunan ko ɗaya daga cikinsu ba.

WURI

Ƙulli na uku shi ne mafi ƙanƙanta, an ɗaure shi tamau. Wuri ne guda 41, sun yi jawur don tsufa. Yaran yanzu sun san wuri ne a wajen 'yan bori ko adon kitso, ba su san cewa kalmar kuɗi da muke faɗa dare da rana jam'in wuri ce ba. Wuri ɗaya, kuɗi da yawa. Tarihin Kano ya ce a zamanin Sarki Muhammadu Sharefa, wanda ya yi mulki daga 1703 zuwa 1731, wuri ya fara shigowa ƙasar Hausa. Ƙwanson wata 'yar dabbar ruwa ce da ake kamawa a tsibiran Maldibs, can cikin tekun Indiya. Jiragen Holan da na Ingila kan loda shi a gindin jirgi su kai Turai, daga can a sake lodawa zuwa gaɓar tekunmu, abin da ake saye da shi kuwa a wancan zamani mafi yawa mutane ne. A lokacin Barth wuri 2,500 ake canza liyari guda a Kano. Wuri 20,000 shi ne keso ɗaya, kayan ƙato guda, wanda bai wuce liyari takwas ba. Daga wajen 1845 'yan kasuwar Jamus suka fara jibgo wani irin wuri mai araha daga Zanzibar, darajarsa ta yi ta faɗuwa, har zuwan Turawa da sulallansu suka ƙarasa shi.

Na tambayi Umma dalilin da zai sa a ƙulle wuri 41 kamar zinariya, ta ce ita ma haka ta gan shi tun tana yarinya, an dai hana su taɓawa.

TAKARDA

A can ƙasan adakar akwai wata 'yar fata a naɗe kamar laya. Kawu ya ce kada a buɗe, a kai rijiya a jefa, wa ya san abin da mutanen da suka ƙulla. Ni dai na kai wa wani malami dattijo a unguwarmu ya warware da bismilla. Takarda ce guda ɗaya da rubutun Larabci da hatimi. Da ya ɗaga ta a rana sai ga alamar jinjirin wata uku a cikin jikinta, irin takardar Italiya da Barth ya gani ana sayarwa a kasuwar Kano, wadda malamanmu suka daɗe suna rubuta Alƙur'ani a kanta. Malam ya karanta a zuci, ya yi shiru, sannan ya ce, "Hajiya, wannan ba laya ba ce. Takardar alƙali ce." An rubuta ta a shekarar Hijira 1332, wato wajen 1914, tana shaida cewa wance, baiwar wane, ta fanshi kanta a kan wuri zambar 200, ta zama 'ya, babu mai sauran iko a kanta. Sunan da ke ciki na Iya ne, mahaifiyar Kaka.

Wallahi mai karatu sai da na nemi wuri na zauna. Mu da aka raine mu a kan cewa mu Kanawa ne gaba da baya! Na koma wajen Inna Babba, ta daɗe tana kallon ƙasa, sannan ta ce, "Dama na san ranar nan za ta zo." Ta ce an kamo Iya ne tana 'yar shekara biyar ko shida, gab da zuwan Turawa, daga wani gari na kudu wanda ita kanta ba ta riƙe sunansa ba. Abin da take iya tunawa duwatsu ne, da rafi, da wata mata mai ɗauke da tulu a kafaɗa wadda take jin ita ce uwarta. Tsagar fuskarta ba irin ta kowa ba ce a gidan, shi ya sa ko a cikin mata ba ta cika sakin mayafi ba.

Yawancinmu mun ɗauka ranar da Turawa suka ci Kano, a watan Fabrairun 1903, ranar bauta ta ƙare. Ba haka abin yake ba. Sun rufe kasuwar bayi, sun hana kamu da saye da sayarwa, sun ce duk wanda aka haifa daga 1 ga Afrilun 1901 ɗa ne. Amma waɗanda ke hannu an bar su a hannu, domin Turawa na tsoron gonakin manya su mutu haraji ya karye. Wanda ke son 'yanci sai ya je gaban alƙali a yanka masa fansa, ya yi ta biya, ko wani ya biya masa, mata kuwa galibi mai son aurensu ne ke biya. Ba a soke bauta gaba ɗaya a Arewa ba sai a 1936. Inna Babba ta ce Iya ta ƙi yarda bafataken nan ya biya duka, ta ce in ya biya duka to saye ya yi. Shekaru ta yi tana kaɗi da dare bayan ta gama aikin gidan uban gijinta, tana ba da zare ana kai mata kasuwa, har ta tara rabi, shi kuma ya cika rabi. Keso goma cif. Ranar da aka ƙirga a gaban alƙali, abin da ya yi saura a nata tarin shi ne wurin nan 41. Ta ƙulle shi ta ce ko yunwa za ta kashe ta ba za ta kashe shi ba, domin shi ne kuɗi na farko da ta mallaka tana mallakar kanta. Mazaran nan uku kuwa da su ta yi aikin.

Da labari ya kai kunnen Kawu sai ya zo har gida ransa a ɓace. Ya ce, "Ke 'yar nan, kin san muna da 'yan mata a gaba. Kin san halin mutanenmu in an zo binciken asali. Ki ba ni takardar nan in ƙona." Ban ga laifinsa ba ƙwarai, domin abin da ya faɗa yana faruwa, an sha fasa aure a kan maganar da ba ta kai wannan ba. Umma ce ta tare shi, ita da ba ta taɓa ɗaga masa murya ba. Ta ce, "Yaya, wanda ya kama yarinya 'yar shekara biyar ya raba ta da uwarta, jikokinsa na yawo da sunansa suna alfahari. Ita da ta kaɗa zare ta sayi kanta, ita ce za mu ɓoye? A cikin rabona takardar take, ba za a ƙona ba." Kawu ya yi shiru ya tafi. Bayan kwana biyu ya aiko ɗansa a ɗaukar masa hotonta a waya, kuma sai da na nemi izininsa da na su Umma kafin na rubuta wannan.

Ni kaina ban fita ba. Na koma na duba littattafan da na rubuta, na ga sau nawa na sa uwar miji ta ce wa yarinya marar asali, sau nawa na warware labari da cewa ashe yarinyar 'yar sarauta ce aka sace, kamar dai in ba haka ba ba ta cancanci auren ba. Na ga shafi nawa na ɓata ina lissafa gadaje da labulen da aka yo oda daga Dubai, ban taɓa ba wa adakar wata tsohuwa layi biyu ba. Alhali mun sani Nana Hajara, mahaifiyar Annabi Isma'ila, baiwa ce, kuma sarakuna da yawa a ƙasar nan 'ya'yan ƙwaraƙwarai ne, babu wanda ya isa ya goranta masu. Littafi guda da na sani wanda ya adana rayuwar mace Bahaushiya ta wancan zamani daga bakinta shi ne na Baba ta Karo, wadda wata Baturiya, Mary Smith, ta zauna da ita a ƙasar Zazzau a 1949 da 1950, aka buga a 1954. Mace ɗaya tak, ita ma da Turanci aka fara fitar da maganarta. Sauran dubbai nasu labarin yana cikin adaka, in an yi sa'a ba a kai wa ɗan gwangwan ba.

Ba ina cewa kowa ya mai da ɗakinsa gidan tarihi ba ne, ko a fasa rabon gado yadda shari'a ta tsara. Roƙona ɗaya ne ga 'yan'uwana mata, da ma maza. In akwai tsohuwa a gidanku da sauran numfashi, ku ciro kwano ɗaya daga jerenta ku tambaye ta yaushe ta saya, da kuɗin me, wa ta sayar wa na kusa da shi, kuma don me. Ku kifa shi ku karanta gindinsa. In kun ga ƙullin tsumma kada ku ce shirme ne, in kun ga rubutu ku kai wa mai iya karantawa kafin ku nufi rijiya. Ni na yi sakaci, shekara arba'in ina shiga ɗakin Kaka ina zama a kan gadon nan, adakar na ƙarƙashina, ban taɓa tambaya ba sai da mai amsar ta tafi. Da Inna Babba ta riga ta, da shi kenan, sai dai mu yi ta kallon wuri 41 ba mu san na mene ne ba. Hausawa sun ce da tsohuwar zuma ake magani, to amma sai an san inda aka ajiye ta.

Langar da yaron nan ya taka tana nan a kan kabad ɗina a lotse, ban bari an gyara ba. Wurin kuma na mayar cikin tsummansa, na gaya wa 'yata ko na wane ne da yadda aka same shi, na ce ta gaya wa nata.

Allah Ya jiƙan Iya da Kaka da dukkan magabatanmu, Ya kyautata namu zuwan. Sai mun haɗu a karo na gaba, inda za mu ɗora daga inda muka tsaya a labarinmu, in Allah Ya kai mu. Wassalam.